Wa Ke da Ikon Taɓa Kundi? Diwanul Mazalim na Riyad, Ma'aikatan Gwamnati da Takardun Filaye na Jabu

Tsakure

Wannan maƙala ta bi sawun ikon da hukumomin sauraren koke suke da shi a Saudiyya idan ƙorafin ya shafi ma'aikacin gwamnati da takardar fili ta jabu. Ta ɗauki Diwanul Mazalim, wanda mazauninsa yake Riyad, tun daga akwatin koke na 1926 zuwa dokar zartar da hukunci ta 2021, ta haɗa shi da hukumar yaƙi da rashawa ta Nazaha da sabon kundin rajistar filaye. Abin da maƙalar take son tabbatarwa shi ne cewa a rikicin fili, ikon da ya fi kowane amfani ga wanda aka zalunta shi ne ikon isa ga kundin da aka rubuta mallaka a ciki, da ikon dakatar da shi kafin a sake sayar da filin. Daga nan ta waiwayo gida, ga Hukumar Karɓar Ƙorafe-ƙorafen Jama'a ta Nijeriya.

Gabatarwa



Ku yi mini uzuri in fara da abin da ya faru a gidanmu, domin shi ya sa ni wannan bincike. Gwaggona, ƙanwar mahaifina, mijinta ya rasu ya bar mata fuloti guda a bayan gari. Shekara goma sha ɗaya takardar tana ƙasan adakarta, naɗe cikin leda, tare da katin rigakafin yara. Da babban ɗanta ya kama sana'a, ya tara kuɗin bulo ɗari biyar, muka bi motar bulon har wurin. Muka tarar an riga an haƙa harsashi, ana zuba kankare. Mai ginin ya shiga motarsa ya ɗauko tasa takardar. Lambar fuloti ɗaya, hatimi ɗaya, sa hannun ma kamar hannu ɗaya ne ya yi su. Bawan Allahn nan ba ɓarawo ba ne: a hannun dillali ya saya, ya ba da kafin alƙalami a gaban shaidu, ya biya la'ada. Muka tafi ofishin da ya kamata a ce asalin fayil ɗin yana can, aka ce ba a gan shi ba, a dawo mako mai zuwa. Muka kai kuka inda ake kai kuka, aka karɓe mu da mutunci, aka rubuta wa ofishin wasiƙa, aka sake rubuta wata. Kafin amsa ta zo ginin ya kai linta.

Tun daga ranar tambaya ɗaya take cina. Wanda ya saurare mu ba shi da iko a kan fayil, wanda fayil yake hannunsa kuma babu abin da ya tilasta masa ya saurare mu. To a wace ƙasa aka taɓa haɗa biyun a hannu ɗaya? Na zaɓi Riyad ne saboda a can ne tsohon ofishin Musulunci na mazalim ya rayu da sunansa har yau, kuma a can ne farashin ƙasa ya yi tashin da ya sa takardar fili ta zama abin da ake yi wa jabu kamar kuɗi.

Daga akwati zuwa kotu

Turawa suna kiran irin wannan ofishi ombudusman, suna kuma kai tarihinsa Suwidin, shekarar 1809. Mu namu ya girme shi nesa ba kusa ba. Al-Mawardi, wanda ya rasu a 1058, ya ware wa wilayar mazalim babi guda a cikin Al-Ahkamus Sultaniyya, ya lissafa ayyuka goma na mai riƙe da ita. Uku daga ciki su ne cibiyar maganata. An ɗora masa sa ido a kan magatakardan diwani, su da suke rubuta abin da ake bin mutane da abin da mutane suke bi. An ɗora masa mayar da dukiyar da masu mulki ko masu ƙarfi suka ƙwace, kuma idan ƙwacen na hukuma ne, yana iya buɗe kundin diwani ya duba, abin da ya gani a rubuce ya ishe shi hujja ba sai mai kuka ya kawo shaidu ba. An kuma ɗora masa zartar da hukuncin da alƙali ya yanke amma ya kasa aiwatarwa saboda wanda aka yanke wa ya fi ƙarfinsa. Mai mazalim na Mawardi yana da kunne, yana da hannu, kuma kundi yana buɗe a gabansa.

A 1926, bayan Hijaz ta shigo hannunsa, Sarki Abdul'aziz ya sa aka buga sanarwa a jaridar Ummul Ƙura cewa an ajiye akwatin koke a ƙofar gidan gwamnati, mabuɗinsa yana hannun sarki, kuma duk wanda wani ma'aikaci ya zalunta, babba ne ko ƙarami, ya jefa takardarsa. An yi sharaɗi a sa hannu, ba a karɓar takardar da ba ta da mai ita. Wannan akwati shi ne kakan Diwanul Mazalim. A 1954 aka mayar da aikin sashe a ofishin majalisar ministoci, a 1955 aka ba shi cin gashin kansa da shugaba mai matsayin minista. Dokar 1982 ta fito fili ta kira shi hukumar shari'a ta harkokin mulki wadda take ƙarƙashin sarki kai tsaye. Dokar 2007 kuma ta tsara shi hawa-hawa: kotunan mulki, kotunan ɗaukaka ƙara, da Babbar Kotun Mulki a Riyad.

Duk wanda ya karanta sashe na 13 na dokar 2007 zai ji ƙamshin dokar Faransa wadda ta biyo ta Masar. Diwani yana soke matakin da hukuma ta ɗauka idan ba ta da hurumi, ko ta saɓa ƙa'ida, ko ta yi amfani da iko ta hanyar da ba ta dace ba. Yana yanke diyya a kan gwamnati. Abin da ya fi burge ni a sashen shi ne cewa idan hukuma ta ƙi ɗaukar matakin da doka ta wajabta mata, ƙin nata ma mataki ne da ake iya ƙara a kansa. Wato shirun ofis ba mafaka ba ne. Da gwaggona ta sami wannan jumla guda a dokar garinmu, da «a dawo mako mai zuwa» ya zama abin da alƙali zai tambayi dalilinsa.

Sai dai komai da farashinsa. Akwatin 1926 ba ya tambayar kwanan wata. Kotu kuwa tana tambaya. A dokar shigar da ƙara ta 2013, wanda yake son a soke wani mataki sai ya fara kai ƙorafi ga hukumar da ta ɗauke shi cikin kwana 60 daga ranar da ya sani, ya jira ta, sannan ya garzaya kotu cikin wasu kwana 60. Manomin da bai san wannan lissafi ba yana iya rasa haƙƙinsa alhali gaskiya tana hannunsa. Diwani ya sami haƙora da ya zama kotu, amma ƙofarsa ta ƙuntata. Tsohuwar ƙofar ba a toshe ta ba a takarda, domin sashe na 43 na Dokar Tsarin Mulki ta 1992 ya ce majalisar sarki da ta yarima mai jiran gado a buɗe suke ga duk mai kuka. Amma birnin da ya kusa mutum miliyan 7 a ƙidayar 2022 ya wuce a ce kowa zai tsuguna a gaban sarki ya faɗi damuwarsa.

Yadda ake haihuwar takardar jabu

A nan zan ɗan daɗe, domin ba a gane iyakar ikon hukuma sai an gane inda ɓarnar take shigowa.

Takardar mallakar fili a Saudiyya sunanta sakk. Hanyoyi biyu ne manya da take fitowa. Ta farko ita ce ofishin katibul adl, magatakardan da ke ƙarƙashin Ma'aikatar Shari'a, wanda yake rubuta ciniki ya mayar da mallaka daga mai sayarwa zuwa mai saye. Ta biyu, wadda kotuna suka daina karɓa a ƙarshen 2019, ita ce hujjatul istihkam: mutum ya je gaban alƙalin kotun gama-gari ya ce wannan ƙasa tawa ce, na gada ko na raya ta tana matacciya, a yi cigiya, a tambayi hukumomi, ya kawo shaidu, alƙali ya ba shi hujja. Tushen wannan shi ne babin ihya'ul mawat da muka sani a fiƙihu, wanda Malam Abdullahi ɗan Fodiyo ma ya yi wa littafi sukutum, Ta'alimur Radi. Gwamnatin Saudiyya ta yanke cewa rayawar da za a karɓa ita ce wadda aka yi kafin shekarar 1387 ta Hijira. Ban da waɗannan akwai kyautar fili daga sarki, wadda ake kira minha, kuma ta wannan hanya ce aka raba manyan sarari a kewayen Riyad lokacin da kuɗin mai ya shigo.

Wanda ya taɓa riƙe tsohon sakk a hannu zai ga inda matsalar take. Rubutun hannu ne, iyakoki kuma da kwatance: arewa gonar wane, kudu kwarin ruwa, gabas hanyar raƙuma, yamma fili babu kowa. Babu lambar awo da za ta ɗaure takardar a wuri ɗaya a doron ƙasa. Lokacin da Riyad take cikin ganuwa, kowa ya san gonar wane, kwatancen ya wadatar. Da aka rushe ganuwar a wajen 1950, sannan tsarin birni na Doxiadis na farkon shekarun 1970 ya yanka hamada gida-gida, kilomita biyu tsawo biyu faɗi, sai «yamma fili babu kowa» ya zama dukiyar miliyoyi. Ana iya ƙara sifili a faɗin fili. Ana iya ɗauko kyautar da aka yi a wani wuri maras daraja a ɗora ta a kan wuri mai tsada. Ana iya kawo shaidun zur su ce an raya ƙasar da ba a taɓa dasa mata ko dabino ɗaya ba. Mafi muni, ana iya fitar da sakk mai hatimi na gaskiya wanda ba shi da asali a kundin ofis. Daga nan sai a zagaye wurin da waya. Mutanen ƙasar suna da suna ga wannan shinge, shubuk, kuma kalmar ta zama habaici ga duk ƙasar da mai ƙarfi ya killace. Jaridun Saudiyya sun sha kawo labarin kotu ta soke takardu masu faɗin miliyoyin murabba'in mita.

Ku lura da abu ɗaya a duk hanyoyin nan. Babu wadda take yiwuwa sai da hannun na ciki. Idan ɓera da sata, daddawa ma da wari. Ɗan damfara daga waje yana iya kwaikwayon hatimi, amma ba ya iya sa takardarsa ta wuce teburi uku ba tare da wani ya kau da kai ba. Doka kuwa ta ba takardar katibul adl ƙarfi mai yawa: sashe na 80 na Dokar Shari'a ta 2007 ya ce kotu za ta yi aiki da ita ba tare da neman wata shaida ba, sai fa idan an soke ta da saɓa wa shari'a ko doka, ko da cewa jabu ce. Ƙarfin da aka ba takarda don a kare mai gaskiya, shi ne garkuwar maƙaryaci ranar da ya sami shiga.

Sannan takardar jabu tana haihuwa. Wanda ya ƙirƙire ta ba ya zama a kanta. Yana yanka filin fuloti-fuloti ya sayar, wanda ya saya ya sayar, banki ya karɓa jingina, malamin makaranta ya ci bashi ya gina. Ranar da aka gano uwar takardar ta banza ce, 'ya'yanta ɗari ko dubu suna hannun mutanen da ba su san hawa ba, ba su san sauka ba. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Wannan ne ya sa a farkon 2020 aka fitar da umarnin sarki da ya hana a dakatar ko a soke takardar da ta dogara a kan tsarin unguwa wanda hukuma ta riga ta amince da shi. Ma'anarsa ita ce gwamnati ta yarda cewa kuskuren ma'aikatanta bai kamata ya faɗa a kan wanda ya saya da kyakkyawar niyya ba. A ganina wannan umarni adalci ne, ko da yake yana nufin wani lokaci ƙasar da aka sata ba za ta dawo ba, sai dai a bi wanda ya fara cin kuɗinta.

Ƙofa uku, mai kuka ɗaya

Yanzu mu ɗauki mutumin da ya wayi gari a Riyad ya ga an fitar da takarda a kan filinsa. Ina zai dosa?

Idan ya je Diwanul Mazalim, za a gaya masa cewa rigimar mallaka ta kotun gama-gari ce. Idan takardar da ta cuce shi hujjatul istihkam ce, to hukuncin alƙali ce, sashe na 14 kuma ya hana Diwani duba hukuncin kotunan da ba nasa ba, kamar yadda ya hana shi taɓa abin da ake kira ayyukan sarauta. Abin da Diwani zai iya yi masa yana gefe: ya soke matakin hukumar birni da ta hana shi izinin gini, ya sa a biya shi diyya, ya duba ƙimar da aka yi wa gidansa idan gwamnati ta karɓa don aikin jama'a.

A da Diwani yana da wani hannu. Dokar 1982 ta ba shi shari'ar laifin cin hanci da na jabu. Da wannan hurumi ne kotun mulki ta Jidda ta saurari ƙararrakin da suka biyo bayan ambaliyar 25 ga Nuwamba 2009, ranar 8 ga Zulhajji, alhazai suna shirin fita Mina. Fiye da mutum 120 suka rasu, da yawa a unguwannin da aka bari aka gina a kan hanyar ruwa. Sarki Abdullahi ya kafa kwamitin bincike ƙarƙashin Yarima Khalid Al-Faisal, aka gurfanar da ma'aikata da 'yan kasuwa. Wannan shari'a ta nuna wa kowa cewa takardar da aka sa wa hannu ba bisa ƙa'ida ba tana iya kashe mutum a cikin ɗakinsa. Amma gyaran 2007 ya riga ya tsara a kwashe sassan laifuka daga Diwani a mayar da su kotunan gama-gari, kuma a hankali aka yi hakan.

Ƙofa ta biyu ita ce Nazaha. An kafa ta a Maris 2011, kuma shekarunta na farko aikinta bai wuce karɓar rahoto da bin diddigi da miƙa wa wasu ba. A Disamba 2019 aka haɗe ta da hukumar sa ido da bincike da kuma 'yan sandan binciken harkokin mulki, aka ba ta sashen bincike da gabatar da ƙara, aka ce duk shari'ar almundahana a Riyad za a yi ta. Shugabanta, Mazin Al-Kahmus, ga sarki yake kai rahoto. Tana da lambar waya, 980. Tana fitar da sanarwa a kai a kai, tana bayyana laifi da muƙami galibi ba tare da suna ba, kuma a cikin waɗanda ta sanar ta kama akwai alƙalai da katibul adl da ma'aikatan hukumar birni. Dokar jabu ta 2013 ta tanadi ɗaurin shekara 1 zuwa 7 ga ma'aikacin da ya yi jabun takardar da take cikin aikinsa. Dokar hukumar ta 2024 ta ƙara da cewa idan dukiyar ma'aikaci ta haura abin da albashinsa zai iya kawowa, shi ne zai bayyana inda ya samo. A Agusta 2020 an sallami gwamnonin Umluj da Al-Wajh da wasu jami'ai saboda mamaye filayen aikin Bahar Maliya, inda aka ƙirga mamaya fiye da 5,000, aka kuma miƙa su ga Nazaha.

Wannan ƙarfi ne na gaske, ba na raina shi. Amma Nazaha ɓarawo take nema. Tana iya ɗaure wanda ya buga hatimi, filin kuwa yana nan da takarda biyu har sai mai shi ya bi ƙofa ta uku, kotun gama-gari, ya tabbatar da jabun. Akwai kuma abin da ya wajaba in faɗa. Hukumar da take amsa wa mutum ɗaya, ƙarfinta yana tafiya ne inda nufinsa ya nufa. A Nuwamba 2017 an tsare 'ya'yan sarauta da ministoci da attajirai a otal ɗin Ritz-Carlton na Riyad. Da aka rufe aikin a Janairu 2019, fadar sarki ta ce an kira mutum 381, an sasanta da 87, an karɓo kadarorin da suka haura riyal biliyan 400, ciki har da filaye. Ba a yi shari'ar a bainar jama'a ba, ba a buga wa ya ci me ba. Don haka ɗalibin shari'a ba shi da hukuncin da zai karanta, talakan da aka ƙwace wa gona kuma ba shi da misalin da zai kafa hujja da shi gobe. Mazalim ɗin da Mawardi ya zana ana zamansa ne da alƙalai da malaman fiƙihu da magatakarda da shaidu, don abin da aka yanke ya zama sananne.

Abu na ƙarshe da Diwani ya samu shi ne wanda na fi yi wa murna. Shekara da shekaru mutum yana iya cin gwamnati a shari'a ya riƙe hukuncin a hannu ba a biya shi ba. Dokar 2021 ta zartar da hukunci a gaban Diwani ta kafa kotu ta musamman don wannan, ta kuma ce ma'aikacin da ya yi amfani da muƙaminsa ya hana a zartar yana iya shan ɗaurin da ya kai shekara 7 da tarar riyal 700,000. Aikin nan na uku na Mawardi ke nan ya dawo, bayan kusan shekara dubu.

Gyaran kundi

Da aka gaji da ihu bayan hari, sai aka koma inda takarda take fitowa. A ƙarshen 2019 umarnin sarki ya hana kotuna karɓar sabuwar buƙatar istihkam, ya ce duk ƙasar da ba ta da takarda ta gwamnati ce. Masu tsohuwar da'awa aka tura su ga kwamitoci ta dandalin Ihkam, inda ake ɗauko tsofaffin hotunan sama a duba ko da gaske akwai gini ko shuka a wurin kafin shekarar da aka yanke. Hoton jirgi ba ya karɓar toshiyar baki. A 2022 aka yi sabuwar dokar rajistar filaye, aka fara aiki da ita a 2023 a unguwar Al-Falah da ke arewacin Riyad. A wannan tsari fili ne yake da shafi, ba mutum ba: kowane fuloti da lambarsa da awonsa a taswira, duk ciniki ko jingina a shafin ake rubuta shi. Bayan shekara guda da sanar da rajista, shafin ya zama hujja yankakkiya, ba a ƙalubalantarsa sai da kuskuren rubutu ko jabu.

Ina da fargaba a nan, kuma ba ƙarama ba ce. Kundi mai ƙarfi yana kare wanda sunansa ya shiga, yana kuma shafe wanda bai shiga ba. Da yawa a cikinmu muna da dangi a Jidda, mun kuma ji abin da ya faru daga 2021 zuwa 2022 da aka rushe unguwanni irin su Karantina da Sabil da Gulail. Ɗan ƙasa mai sakk an ce za a biya shi ƙasa da gini, maras sakk gini kawai, baƙon da ya yi shekara arba'in yana haya kuwa sai dai ya kwashe kayansa. Duk wanda zai kwaikwayi Riyad ya fara tambayar kansa su wa za a bari a waje ranar da aka rufe kundi.

Waiwaye gida

Mazalim ba baƙo ba ne a ƙasar Hausa. A Kano Malam Abdullahi ya rubuta Diya'ul Hukkam, inda ya bayyana wannan ofishi a cikin muƙaman mulki. Kundin majalisar shari'ar Sarkin Kano Abbas na 1913 da 1914, wanda Allan Christelow ya fassara ya buga a 1994, cike yake da ƙarar gona da gida, talaka yana kawo kukan mai sarauta gaban sarki. An soke kotunan sarakuna a ƙarshen shekarun 1960. A 1975 doka mai lamba 31 ta kafa Hukumar Karɓar Ƙorafe-ƙorafen Jama'a, Alhaji Yusuf Maitama Sule, Ɗanmasanin Kano, ya zama shugabanta na farko. Tsarin Mulkin 1999 ya kare dokarta a sashe na 315(5), kuma a wannan sashe ɗin dai aka kare Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978. Dokar da ta damƙa ƙasar jiha a hannun gwamna da dokar da ta kafa mai sauraren kuka a kan ofisoshinsa suna kwance a layi ɗaya, amma ba a ba ta biyun abin da za ta riƙe ta farkon da shi ba.

A takarda, kwamishinan hukumar yana da ikon shiga ofis ya nemi fayil. Abin da zai biyo baya shawara ce kawai. Tarar da dokar ta sa wa wanda ya yi mata taurin kai naira 500 ce ko ɗaurin wata shida. An hana ta duba ƙorafin da mai shi bai gama bin sauran hanyoyi ba. An kuma hana ta karɓar ƙorafin da ya wuce wata goma sha biyu da faruwar abin, kuma wannan ne ya fi yi wa masu fili illa, domin jabu ba ya sallama ranar da ya shigo. Gwaggona ba ta san an taɓa fayil ɗinta ba sai da ta ga kankare. Dokar Saudiyya, duk da gajartar kwana 60, daga ranar sani take fara ƙirga. Tamu daga ranar aikata laifin, ranar da ɓarawo ne kaɗai ya san da ita.

Ba na cikin masu cewa a ba hukumar 'yan sanda da ɗakin tsarewa. Muna da EFCC da ICPC, Kano ma tana da tata hukumar da ta haɗa ƙorafi da yaƙi da rashawa, kuma mun ga yadda ikon kamu yake jawo wa irin waɗannan hukumomi rigimar siyasa. Abin da nake roƙon masu gyaran doka ya fi wannan sauƙi. A mayar da ƙirgan wa'adi daga ranar da mai kuka ya sani. A ɗauki shirun ofis bayan kwana 30 a matsayin ƙi, wanda za a iya kai wa gaban alƙali. A ba kwamishina ikon rubuta dakatarwa ta ɗan lokaci a kan fayil, a ofishin filaye ko a kwamfutar hukumomin filaye irin su KANGIS da KADGIS da AGIS, yadda ba za a sayar ko a jinginar ko a ba da izinin gini ba har kotu ta duba, kuma ma'aikacin da ya tsallake dakatarwar ya amsa da kansa, ba ofishinsa ba. Sannan kafin a ce kundin kwamfuta ya zama hujja yankakkiya, a zauna da mai unguwa da dagaci a shigar da masu awon igiya da masu gonar gado, waɗanda shaidarsu takardar ciniki ce ta ajami ko bakin dattawa.

Fulotin gwaggona yanzu gida ne mai hawa ɗaya, da shago biyu a gaba. Shari'ar tana kotu, an ɗage ta zuwa bayan Sallah. Bulon ɗari biyar ɗin ɗanta ya sayar da su a rabin kuɗi ya biya lauya, takardar kuma ta koma ƙasan adaka cikin ledarta. Asalin fayil ɗin har yau ba a gan shi ba.